Littafin Awon Tela

Sau bakwai na auna Ludolf Rahnefeld.
Littafin na nan, bangonsa ya zube,
amma lamba ba ta iya ƙarya ba.

Ran farko uwarsa ce ta shigo da shi shagona a Goslar,
ɗan shekara sha tara, wuya kamar na zalɓe.
Ta ce, "Bar masa rara a kafaɗa, zai cike ta."
Na bar masa yatsa biyu.
Ya tafi yaƙin farko riga na masa yawa,
ya dawo laftanar, kunnen hagu a toshe,
aljihunsa cike da busasshiyar laka ta wata ƙasa.

Shekarun da kuɗi suka zama abin hura murhu,
da rabin buhun dankali ya biya ni.
Na juya masa tsohuwar kwat, ciki ya koma waje,
ya tsaya gaban madubi yana gyara kwala
kamar mai jiran kira.

Kiran kuwa ya zo, ta rediyo, da ihu.
Manjo. Kanar. Ƙugu ya ƙaru da yatsa huɗu.
Ya ce, "Ni soja ne, Anselm, ba ruwana da siyasa."
A makon ne aka farfasa tagar Feibusch,
mai sayar mini da maɓalli shekara ashirin.
Da aka yi gwanjon kayansa na je da sassafe.
Arha ta yi arha.
Maɓallan nan su na jera a ƙirjin kanar,
ya yaba da ƙyallinsu, ni ma na yaba.

Ran da ya zama janar na ɗinka jan layi a wandonsa,
zaren zinare a wuya,
hannuna na rawa don daɗi. Ba zan ɓoye ba.

Daga gabas, cikin sanyin da ke tsinke yatsu,
ya aiko babbar riga a sake mata shafi.
A aljihun ciki na tarar da takarda ninki huɗu:
sunayen ƙauyuka shida da harshena ya kasa furtawa,
gaban kowane suna, lamba,
ƙasan lambobin, sa hannunsa,
mai kyau, miƙaƙƙe, kamar ɗinkin keke.
Na san lamba. Wannan ba awon yadi ba ne.
Na mayar da ita, na ɗinke bakin aljihun,
na ɗinke nawa.

Daga baya iyaye mata suka riƙa zuwa
da kakin da za a rage wa hannu,
don masu sawa ba su fara aske gemu ba.
Aka ce rundunarsa ta tsaya a bakin wani kogi
har ba sauran wanda zai tsaya.
Shi dai bai mutu ba.

Shekara goma yana tsare a hannun waɗanda ya je ci.
Ya shigo mini da sanda, haƙori uku a sama,
ya ce, "Kwat ta farar hula. Toka-toka."
Yana rubuta littafi, in ji shi,
kan sanyi, da ƙarancin mai, da umarnin da ba nasa ba.
Na tambaye shi ina babbar rigar nan.
Ya juyo mini kunnen hagu.

Na bakwai, matarsa ce ta aiko.
Yana kwance, tsiri na bi ta ƙarƙashin bayansa.
Ƙirji: daidai da na ran farko,
ko yatsa ɗaya bai ɗara ba.
Rarar da uwarsa ta roƙa
har yau ba a cike ta ba.

Maɓallan Feibusch saura tara a gwangwani.
Ba na sa wa kowa,
na kuma kasa zubarwa.